Bessie Smith: Sarauniyar waƙa da ta bar wa duniya fim ɗaya tak

A watan Yunin 1929, a wani ɗakin ɗaukar fim da ke birnin New York na ƙasar Amurka, wata mawaƙiya baƙar fata ta jingina da teburin mashayar da aka ƙera domin wasan, ta ɗaga murya. Fim ɗin da aka ɗauka gajere ne, tsawonsa kimanin minti 16, irin waɗanda gidajen sinima ke sa wa 'yan kallo kafin a fara babban fim. Ba a yin irinsu don su daɗe. Da sun gama zagaye sai a ajiye su, a kawo wasu.

Mawaƙiyar ita ce Bessie Smith, wadda ake yi wa kirari da Sarauniyar Buluz, sunan fim ɗin kuwa St. Louis Blues. A tsawon rayuwarta ta naɗi waƙoƙi kimanin 160 a faifan garmaho, kuma a zamanin tashenta babu wani baƙar fata mai sana'ar nishaɗantarwa a Amurka da ya kai ta samun kuɗi. Duk da haka, wannan ɗan gajeren fim shi kaɗai ne hoto mai motsi da aka san ta bari. Duk mai son ganin yadda take tsayawa, da yadda take jan numfashi kafin ta saki murya, ba shi da inda zai duba sai cikin waɗannan mintuna.

Marainiyar Chattanooga

An haifi Bessie a garin Chattanooga na jihar Tennessee, a kudancin Amurka. Ranar da danginta suka riƙe a matsayin ranar haihuwarta ita ce 15 ga Afrilun 1894, kodayake ƙidayar jama'a ta 1900 ta nuna watan Yulin 1892. A lokacin ba a cika shekara 30 da haramta bauta a ƙasar ba, kuma jihohin kudu suna ta kafa dokokin wariyar launin fata waɗanda suka raba makarantu, da asibitoci, da taragun jirgin ƙasa, har da maƙabartu.

Mahaifinta, William Smith, lebura ne da ke taɓa wa'azi a cocin Baptist, kuma ya mutu tun tana jaririya. Kafin ta cika shekara tara mahaifiyarta Laura ta bi shi. Riƙon yaran ya koma hannun yayarsu Viola, wadda ke ciyar da su da kuɗin wankau. Domin taimaka wa gida, Bessie ta shiga waƙa da rawa a bakin titi, ɗan'uwanta Andrew yana kaɗa mata jita, masu wucewa suna jefa musu 'yan kwabbai. A nan ta koyi abin da ya zame mata jari daga baya, wato yadda murya za ta rinjayi hayaniyar kasuwa ta tsayar da mutumin da ba shi da niyyar tsayawa.

Waƙar da ta tashi a cikinta ita ce buluz, salon da ya tsiro tsakanin 'ya'ya da jikokin bayi a ƙarshen ƙarni na 19, daga waƙoƙin aikin gona da na coci. Tsarinsa mai sauƙi ne: mawaƙi ya faɗi jimla, ya maimaita ta, sannan ya kawo ta uku wadda za ta warware maganar. Jigonsa kuwa ƙunci ne da abin da ke haifar da shi, kamar talauci, rabuwa, kurkuku da baƙunta. Daga wannan tushe ne kiɗan jaz ya samo wani babban ɓangare na ruhinsa.

A 1904 babban wansu Clarence ya bar gida ya bi wata tawagar 'yan wasa ta Moses Stokes. Da tawagar ta dawo Chattanooga a 1912, ya roƙa aka gwada ƙanwarsa. An ɗauke ta, amma a matsayin 'yar rawa, saboda tawagar tana da mawaƙiyarta, Ma Rainey, wadda ake kira Uwar Buluz. Zama kusa da wannan gwana ya nuna wa Bessie yadda ake riƙe dandali. Daga 1913 ta fara fitowa da kanta a wani gidan wasa na Atlanta, sannan ta shafe shekaru tana zagaya tantuna da gidajen wasan baƙaƙen fata na kudu da gabashin ƙasar, inda aiki yake da yawa, lada kuma kaɗan.

Daga tanti zuwa faifan garmaho

Har zuwa 1920 kamfanonin faifai ba su yarda cewa baƙaƙen fata za su sayi waƙa da kuɗinsu ba. A shekarar ne wata mawaƙiya mai suna Mamie Smith, wadda ba su da dangantaka da Bessie, ta fitar da Crazy Blues a kamfanin Okeh, aka yi rububin sayensa. Nan da nan kamfanoni suka bazama neman mata masu waƙar buluz. Bessie ta je gwaji a wasu daga cikinsu aka ƙi ta, har da Black Swan, kamfanin da baƙaƙen fata suka mallaka, bisa ganin cewa muryarta ta cika kaushi da ƙauyanci.

Frank Walker na kamfanin Columbia ne ya ɗauke ta. A ranar 16 ga Fabrairun 1923 ta naɗi Downhearted Blues, wadda Alberta Hunter da Lovie Austin suka tsara, Clarence Williams yana kaɗa mata fiyano. An ƙiyasta cewa faifan ya sayu kusan kwafi dubu 780 cikin wata shida, a daidai lokacin da kamfanin ke cikin matsin kuɗi.

A wancan zamani babu makirufo a ɗakin naɗi. Mawaƙi yakan fuskanci wani babban ƙaho ne ya rera, ƙarfin muryarsa ya girgiza allurar da ke zana sautin a kan kaki. Mai siririyar murya yakan ɓace a wannan na'ura, amma ta Bessie ta ratsa ta. Ba ta gaggawa a waƙa, tana furta kowace kalma a fili, tana kuma lanƙwasa sauti ɗaya ta ja shi sama ko ƙasa har ma'anar kalmar ta sauya. Wannan ya sa manyan makaɗan jaz suka riƙa son aiki da ita, irin su Fletcher Henderson, da James P. Johnson, da Joe Smith, da Charlie Green. A watan Janairun 1925 ta naɗi St. Louis Blues tare da matashi Louis Armstrong, tana rerawa ƙahonsa yana amsa mata, kuma har yau ana lissafa wannan faifai cikin fitattun naɗe-naɗen jaz.

Wasu waƙoƙin ita ta tsara su da kanta. Back-Water Blues, wadda ta naɗa a Fabrairun 1927, labarin mace ce da ambaliya ta raba da gidanta. Fitowar faifan ta zo daidai da babbar ambaliyar kogin Mississippi ta wannan shekara, wadda ta raba dubban ɗaruruwan mutane da muhallansu, sai jama'a suka ɗauki waƙar tamkar tasu. Sai dai duk wannan ciniki, kamfanin yana biyan ta ne ƙayyadadden kuɗi, tsakanin dala 125 zuwa 200 a kan kowace waƙa, ba tare da wani kaso daga sayar da muryarta ba.

Sarauta a kan layin dogo

Ainihin arzikinta daga dandali ya fito. A tsakiyar shekarun 1920 takan karɓi har dala 2,000 a mako, tana jagorantar tawaga ta kusan mutum 40. Tana da taragon jirgin ƙasa nata na kanta, mai tsawon fiye da ƙafa 70, wanda ke ɗaukar 'yan wasa da tanti da kayan aiki. Taragon ya wuce abin ado: a garuruwan da otal-otal ba sa karɓar baƙaƙen fata, shi ne masaukinsu kuma shi ne ɗakin girkinsu.

Waɗanda suka yi aiki da ita sun bayyana ta a matsayin mace mai kyauta da saurin fushi, wadda ba ta raina faɗa, kuma giya ta sha jefa ta cikin rigima. Sun kuma ba da labarin wani dare na Yulin 1927 a garin Concord na jihar North Carolina, lokacin da wasu 'yan ƙungiyar Ku Klux Klan masu ƙin baƙaƙen fata suka zo sanye da fararen riguna suna ƙoƙarin tuge turakun tantinta ana tsakiyar wasa. Mazan da aka kira suka ja da baya, ita kuwa ta fito ta tunkare su da faɗa har suka juya suka tafi, ta koma ta ci gaba da waƙarta.

A gida kuwa babu kwanciyar hankali. Ta auri Jack Gee, wani mai gadi, a birnin Philadelphia ranar 7 ga Yunin 1923, daidai lokacin da faifanta na farko ke fita. Auren ya cika da faɗa da cin amana daga ɓangarorin biyu. A 1929 ta gano cewa ya karkatar da kuɗin da aka ware wa wasanta ya shirya wa wata mawaƙiya, Gertrude Saunders, nata wasan. A kan haka suka rabu, kodayake ba a taɓa kashe auren a kotu ba. A watan Mayun shekarar ta fito a wani wasan Broadway mai suna Pansy, wanda ya rushe cikin 'yan kwanaki. A cikin wannan hali ne aka zo mata da maganar fim.

Zuwan fim mai magana

Tun 1923 injiniya Lee de Forest ya riƙa gwada ɗaukar mawaƙa da sautinsu a gajerun finafinai, har ya ɗauki Noble Sissle da Eubie Blake. Amma sai a Oktoban 1927 harkar ta kankama, lokacin da kamfanin Warner Bros ya fitar da The Jazz Singer, wanda jaruminsa Al Jolson farar fata ne da ke shafa baƙin fenti a fuska yana kwaikwayon baƙaƙe. Gidajen sinima suka shiga sa na'urorin sauti, kuma kowanne yana buƙatar abin da zai cika shirinsa: labaran mako, da zanen barkwanci, da gajeren fim na waƙa, sannan babban fim.

Gajeren fim yakan kasance naɗi ɗaya ko biyu, kowane naɗi kusan minti 10. Ba ya cin kuɗi da yawa, ana gama shi cikin 'yan kwanaki. Ta wannan ƙaramar ƙofa ce mawaƙan jaz baƙaƙen fata suka fi samun shiga gaban kyamara, domin manyan finafinai ba kasafai suke ba su gurbi ba in ban da na bara ko kuku.

W. C. Handy, wanda ya wallafa waƙar St. Louis Blues a 1914, shi da Kenneth Adams ne suka tsara ɗan labarin da za a ɗora waƙar a kai. Mai ba da umarni shi ne Dudley Murphy, Ba'amurke farar fata da ya yi aiki a Faransa tare da mai zane Fernand Léger a fim ɗin Ballet Mécanique na 1924. Duk 'yan wasan baƙaƙen fata ne. James P. Johnson ya zauna a fiyano, akasarin makaɗan daga ƙungiyar Fletcher Henderson suka fito, J. Rosamond Johnson ya tsara amshi, ƙungiyar mawaƙa ta Hall Johnson kuma ta rera shi.

Minti 16

Fim ɗin ya buɗe ne a farfajiyar wani gidan haya, inda maza suka durƙusa suna caca. Jimmy, wanda ɗan rawa Jimmy Mordecai ya fito a matsayinsa, ya iso da wata budurwa, wato Isabel Washington, ya ci kuɗi, ya wuce da ita ɗakin da Bessie ke biya wa haya. Bessie ta dawo ta same su, ta lakaɗa wa budurwar duka ta kore ta, sannan ta juya tana roƙon Jimmy kada ya tafi. Ya ture ta ta faɗi, ya fice. Tana zaune a ƙasa ta zuba giya a kofi, ta fara waƙar ita kaɗai, babu kiɗa ko kaɗan.

Daga nan hoton ya koma wata mashaya, a zamanin da doka ta haramta sayar da giya a duk faɗin Amurka. Bessie tana jingine da teburin mai sayarwa, ba ta kallon kowa. Mutanen da ke zazzaune a kujeru su ne 'yan amshinta: ta ba da baiti, su karɓa, muryoyinsu suna tashi suna sauka kamar a coci. Can sai kiɗa ya yi zafi, masu raba abinci suna juya tire a kan yatsa, aka cika fili da rawa. Jimmy ya shigo cikin taƙama ya taka rawarsa, ya buɗe mata hannu. Fuskarta ta washe, suka rungumi juna suna taka rawa a hankali, shi kuwa ya sunkuyar da hannu ya zare kuɗin da ta ɓoye a safarta, ya hankaɗe ta ya yi gaba. Ta koma inda ta taso ta ƙarasa waƙar.

Abin da fim ɗin ya adana ba ƙarami ba ne. Faifan garmaho ba ya ɗaukar fiye da kusan minti uku, kuma yakan haɗa ta da makaɗi ɗaya ko 'yan kaɗan. A nan kuwa an ji ta a gaban cikakkiyar ƙungiyar makaɗa da mawaƙa kimanin 40, amma muryarta ta fita sama da su duka. An kuma ga cewa gwanar wasan kwaikwayo ce, wadda ke iya nuna fushi da ƙasƙanci da murna cikin ɗan lokaci ba tare da wuce gona da iri ba. Ga wanda ya san abin da ya faru tsakaninta da mijinta 'yan watanni kafin nan, labarin namijin da ya kwashe kuɗin mace ya kai wa wata ya yi kusa da gaskiya ƙwarai.

Abin da fim ɗin ya ɓoye shi ma yana da yawa. Matar da ke biyan albashin mutum 40, wadda ta kori 'yan Ku Klux Klan daga bakin tantinta, an nuna ta ne a ƙasa tana roƙon ɗan caca. Kyamara ta fi ɗaukar ta ta gefe, a tsaye wuri ɗaya, ba a ga kayan adonta na dandali ba, ba a ga rawarta da barkwancinta da suka sa jama'a ke cika tanti ba. Masu sharhi da dama sun soki yadda fim ɗin ya taƙaita rayuwar baƙaƙen fata ga caca da giya da faɗa, wato hoton da masu kuɗin harkar suka saba sayarwa.

Wannan tsari bai tsaya a kanta ba. A shekarar 1929 ɗin Murphy ya sake yin wani gajeren fim, Black and Tan, da Duke Ellington da Fredi Washington, 'yar'uwar Isabel. A 1932 aka sa wa Louis Armstrong fatar damisa, aka tsayar da shi cikin kumfar sabulu yana busa ƙaho a A Rhapsody in Black and Blue. A 1935, cikin Symphony in Black na Ellington, wata matashiya mai suna Billie Holiday, wadda ta tashi da sauraron fayafayan Bessie, ta fito ita ma a matsayin macen da saurayi ya ture ƙasa saboda wata, ta rera waƙarta daga nan. Mawaƙan sun karɓi rigar da aka ɗinka musu domin ita ce kaɗai hanyar shiga, sannan suka zuba gwanintarsu a ciki. Ma Rainey kuwa, wadda ta mutu a 1939, ko irin wannan dama ba ta samu ba, domin babu wani fim nata da aka sani.

Kasuwa ta watse

A watan Mayun 1929 Bessie ta naɗi Nobody Knows You When You're Down and Out, waƙar attajirin da ya tsiyace abokai suka gudu. Faifan ya fito a Satumba, kuma a ƙarshen Oktoba kasuwar hannun jari ta New York ta rushe, Amurka ta faɗa cikin mummunan karayar tattalin arziki. Cinikin fayafayai a ƙasar ya faɗo daga fiye da miliyan 100 a 1927 zuwa kimanin miliyan 6 a 1932. Rediyo yana kawo kiɗa gida kyauta. Fim mai magana, wanda ya adana kamanninta, shi ne kuma ya cinye sana'arta, domin masu gidajen wasa sun ga ya fi musu arha su sa majigi da su biya tawagar mutum 40. A 1931 Columbia ta sallame ta.

Ba ta daina aiki ba. Ta ci gaba da zagaye da ƙaramar tawaga tare da Richard Morgan, tsohon amininta daga Chicago kuma kawun makaɗi Lionel Hampton, wanda ya zama abokin zamanta. A ranar 24 ga Nuwamban 1933 John Hammond ya shirya mata naɗi a kamfanin Okeh, waƙoƙi huɗu a kan dala 37.50 kowace ɗaya. Ta nemi a yi su da sabon salon kiɗan rawa da ke tashe, tare da makaɗa irin su Jack Teagarden da Chu Berry, Benny Goodman ma ya sa hannu a ɗaya. Waɗannan ne naɗe-naɗenta na ƙarshe. A 1935 ta hau dandalin gidan wasan Apollo da ke Harlem, kuma alamu sun nuna tauraruwarta na shirin sake haskawa.

Hatsari a hanya mai lamba 61

Da tsakar daren 26 ga Satumban 1937, Bessie da Morgan suna tafe cikin tsohuwar motarta ƙirar Packard a babbar hanya mai lamba 61, tsakanin Memphis da Clarksdale ta jihar Mississippi. Morgan ne ke tuƙi. Suka ci karo da wata babbar mota da ke tafiya a hankali a gabansu. Bessie tana zaune a ɓangaren da ya bugu, hannunta na dama ya kusa rabuwa da jikinta, haƙarƙarinta ya murƙushe.

Wanda ya fara isowa wurin wani likitan fiɗa ne daga Memphis, Hugh Smith, wanda ke kan hanyar zuwa kamun kifi da abokinsa. Yana cikin duba ta sai wata mota ta zo a guje ta afka wa tasa. Daga baya motar asibiti ta kai Bessie asibitin baƙaƙen fata na G. T. Thomas da ke Clarksdale, inda aka yanke hannun. Ta mutu da safiyar ranar ba tare da ta farfaɗo ba, tana da shekara 43.

A watan Nuwamba John Hammond ya rubuta a mujallar Down Beat cewa ta mutu ne saboda wani asibitin fararen fata ya ƙi karɓar ta. Labarin ya bazu, har marubuci Edward Albee ya gina wasan kwaikwayo a kansa a 1959. Binciken da aka yi daga baya, musamman na Chris Albertson wanda ya wallafa tarihinta a 1972, ya nuna ba haka aka yi ba, kuma Hammond da kansa ya amince cewa jita-jita ya dogara da ita. Abin da ya sa aka gaskata labarin shi ne ya yi kama da zamaninsa. A Mississippi ta 1937 asibitoci a rabe suke, kuma babu direban da zai ma yi tunanin kai baƙar fata asibitin fararen fata.

Kabarin da ba alama

An kai gawarta Philadelphia, inda aka ƙiyasta mutum 10,000 suka bi layi suka yi mata kallon ƙarshe. An binne ta ranar 4 ga Oktoban 1937 a maƙabartar Mount Lawn da ke Sharon Hill, a wajen birnin. An tara kuɗi fiye da sau ɗaya domin a kafa dutse a kabarin, aka kuma zargi Jack Gee da cinye su. Haka kabarin ya zauna shekara 33 babu suna a kansa.

A ranar 7 ga Agustan 1970 ne aka kafa dutsen. Mata biyu suka biya kuɗinsa: Juanita Green, wadda tun tana yarinya take yi wa Bessie aikace-aikacen gida, da mawaƙiya Janis Joplin, farar fata daga Texas da ta koyi waƙa daga fayafayanta. Joplin ta mutu bayan wata biyu, ranar 4 ga Oktoba, ranar da aka cika shekara 33 da binne Bessie.

Daga nan karramawa ta biyo baya. Columbia ta sake fitar da waƙoƙinta a farkon shekarun 1970. A 1989 aka ba ta lambar Grammy ta gudunmawar rayuwa, aka kuma shigar da ita zauren girmamawa na Rock and Roll. A 1994 hukumar gidan waya ta Amurka ta buga hotonta a kan sarki. Garinsu Chattanooga yana da cibiyar al'adu mai ɗauke da sunanta, kuma a 2015 tashar HBO ta yi fim a kan rayuwarta, Queen Latifah ta fito a matsayinta. Tasirinta ya bayyana a muryoyin Mahalia Jackson, da Dinah Washington, da Aretha Franklin.

Shi kuwa ɗan gajeren fim ɗin, sa'a ce ta tsirar da shi. Finafinan wancan zamani ana ɗaukar su ne a kan wani sinadari mai saurin kamawa da wuta, wanda kuma ke ruɓewa da kansa in ya daɗe a ajiye, kuma da yawa sun salwanta ta haka. Akwatunan kallo na Panoram, waɗanda daga 1940 zuwa 1947 suka riƙa nuna waƙoƙin minti uku a mashaya da gidajen abinci a kan santi 10, sun adana hotunan mawaƙa irin su Fats Waller da Cab Calloway da Nat King Cole, amma sun zo bayan ta yi shekara uku a kabari. A 2006 Ɗakin Karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sa St. Louis Blues cikin rajistar finafinan da ƙasar ta wajabta wa kanta adanawa.

Labarin mutuwarta wasu ne suka ba da shi, suka kuma yi kuskure. Dutsen kabarinta wasu ne suka saya. Ko labarin fim ɗin ma wasu ne suka rubuta mata. Amma daga lokacin da ta buɗe baki tana zaune a ƙasan ɗakin hayar nan, abin da ake ji nata ne. A yau fim ɗin yana nan a intanet ga duk mai son gani, da dishi-dishin hotonsa da ƙarar tsufan sautinsa. A ƙarshensa Jimmy ya riga ya fita da kuɗin, 'yan amshi suna ɗaga murya, ita kuwa tana jingine da teburin, idonta a kan kofin da ke gabanta, tana rera baitin ƙarshe.